Harshen da ya san ƙarshen zance tun ba a buɗe baki ba

 A wannan mako za mu ɗan huta da zancen farashin hatsi da na albashi, mu leƙa wata duniya wadda babu ita sai a cikin littafi, mu ji yadda mazaunanta suke magana. Kada wani ya ce ɓarnar takarda ce, domin kuwa kafin mu kai ƙarshe za ku ga zancen ya biyo ta bakin kasuwa, ya kuma ratsa ta ƙofar biro.

Ga tambayar da muka zo da ita: da a ce akwai wani harshe wanda duk wanda ya ƙware a cikinsa zai riƙa tuna gobe kamar yadda yake tuna jiya, shin za ka koma lakwal ka koye shi?

Baƙi masu ƙafa bakwai

A shekarar 1998 wani marubuci ɗan Amurka mai suna Ted Chiang, wanda iyayensa ƴan asalin ƙasar Sin ne, ya fitar da wani ƙagaggen labari mai suna Story of Your Life, wato labarin rayuwarki. Labarin ya ci lambar Nebula, ɗaya daga cikin manyan lambobin da ake ba masu rubuta irin waɗannan labarai na ƙirƙira. A shekarar 2016 kuma Denis Villeneuve, ɗan ƙasar Kanada, ya mai da shi fim mai suna Arrival, wanda aka nuna a Faransa da sunan Premier Contact.

Labarin ya ce wata rana wasu baƙi suka iso duniyarmu daga sararin samaniya. A cikin littafin ba su sauko da kansu ba, sai suka aiko da wasu na'urori 112 masu kama da madubi, ta cikinsu ake ganinsu ana zantawa da su. A cikin fim ɗin kuwa jirage 12 ne suka tsaya a wurare 12, har da Sudan da Saliyo. Baƙin nan jikinsu kamar ganga yake, da ƙafafu bakwai kewaye da shi, da idanu bakwai a zagaye bisa. Saboda haka ba su da gaba, ba su da baya. Duk inda suka nufa nan ne gabansu, ba sai sun juya ba. Ku riƙe wannan, don shi ne mabuɗin labarin.

Sojoji suka ɗauko wata malama masaniyar harsuna, Louise Banks, suka ce ta koyi harshen baƙin ta gano abin da ya kawo su. Da ta duƙufa sai ta tarar harsuna biyu ne da su, na baka daban, na rubutu daban, kuma rubutun ba ya bin maganar baka ko kaɗan. Mu nan, ko da boko muke rubutu daga hagu zuwa dama, ko da ajami daga dama zuwa hagu, kalma ce ke bin kalma kamar raƙuman ayari, ba a isa ta ƙarshe sai an wuce ta farko. Su kuwa jimla guda zane guda ce, kamar aikin allura a wuyan babbar riga, ba a iya cewa ga inda ta soma, ga inda ta ƙare. Abin da ya fi ba malamar mamaki shi ne, layin farko da baƙon zai ja yakan ratsa ta sassan jimlar da dama, ya zama guntun wannan kalma a nan, ya zama guntun waccan a can. Ke nan tilas mai rubutun ya san yadda jimlar duka za ta kasance tun bai ja layin farko ba. Farkon jimla yana nuni ga ƙarshenta, ƙarshenta yana nuni ga farkonta, kowane yanki yana ɗauke da labarin sauran.

Hanyar haske

Abokin aikin malamar, wani masanin kimiyya, shi ya ba ta mabuɗin gano dalilin wannan hali nasu. Yawancin lissafin da mutane suka nuna wa baƙin bai shige su ba, sai wata ƙa'ida guda wadda Bafaranshen nan Pierre de Fermat ya bayyana a shekarar 1662. Waɗanda suka yi karatu mai nisa a cikinku za su tuna da ita. In ka tsoma sanda a ruwa za ka ga kamar ta karye a daidai fuskar ruwan, alhali kuwa lafiyarta ƙalau. Haske ne yake karkata in ya ƙetare daga iska zuwa ruwa, ko daga ruwa zuwa iska, domin gudunsa a cikin ruwa wajen kashi uku bisa huɗu ne na gudunsa a iska. Fermat ya ce cikin dukan hanyoyin da haske zai iya bi tsakanin wuri biyu, wadda ta fi ƙarancin lokaci yake bi.

Misalinsa kamar mai jaki ne da zai je wani ƙauye, rabin tafiyar a fako, rabi a rairayi. In yana da wayo ba zai miƙe sak ba, zai tsawaita tafiyarsa a fako inda jaki ke sauri, ya gajarta ta a rairayi inda ƙafa ke nutsewa. To amma mai jaki ya san ƙauyen da ya nufa tun daga gida. Shi haske fa, wa ya gaya masa inda zai sauka har ya zaɓi hanya tun kafin ya tashi? Masana kimiyya sun amsa cewa haske bai san kome ba, lissafi ne iri biyu da ke ba da amsa guda. Ana iya bin tafiyar taki bayan taki, sanadi yana haifar da sakamako, ana kuma iya duban tafiyar duka a dunƙule daga farkonta zuwa ƙarshenta. Marubucin sai ya ce, to mu ɗauka mu ƴan Adam mun gina tunaninmu bisa na farkon, su baƙin sun gina nasu bisa na biyun. A wurinsu rayuwa duka a shimfiɗe take kamar tabarma, ana ganin bakinta na nan da na can a duba guda.

Da malamar ta ƙware a rubutun har ta soma tunani da shi, sai ta soma tuna abubuwan da ba su faru ba tukuna, tun daga wannan lokaci har ranar mutuwarta, wajen shekara 50. Ta ga auren da za ta yi, ta ga rabuwar da za ta biyo baya, ta ga ƴar da za ta haifa, ta kuma ga ƴar za ta rasu tana da shekara 25 a wurin hawan dutse. Labarin duka zance ne da take yi wa ƴar nan tun ba a ɗauki cikinta ba. Duk da abin da ta sani, ta yarda ta haife ta.

Maganar da ke magana a kan kanta

Tun zamanin da masu hikima suka lura cewa zance yakan rikice in ya juyo yana magana a kan kansa. Wani masanin Girka mai suna Eubulides, wanda ya rayu a ƙarni na 4 kafin haihuwar Annabi Isa, ana danganta masa wannan wasa ƙwaƙwalwa: mutum ya ce maganar nan da nake yi yanzu ƙarya ce. In gaskiya ya faɗa, to maganar ƙarya ce kamar yadda ya ce. In kuwa ƙarya ce, to ai ya faɗi gaskiya. Ko ta ina ka kama, sai ta kuɓuce. Abin kamar wasan yara, amma ya hana manyan masana barci. A shekarar 1931 Kurt Gödel ya gina wata jimla ta lissafi wadda ke cewa game da kanta ba za a iya tabbatar da ita ba, da ita ya nuna cewa duk wani tsarin lissafi mai ƙarfi wanda ba ya saɓa wa kansa, akwai gaskiyar da ba zai iya tabbatarwa ba. A shekarar 1933 kuma Alfred Tarski, ɗan ƙasar Polan, ya nuna cewa irin wannan harshe na lissafi ba ya iya yanke hukuncin gaskiyar jimlolinsa da kansa, sai an hau wani harshe na bisa da shi. Wato dai alƙali ba ya zama a shari'ar kansa.

Kakanninmu mata ma sun san wannan dabara. In tsohuwa ta ƙare tatsuniya sai ta ce ƙurunƙus kan ɓera, ba don Gizo ba da na yi ƙarya, da ma ƙaryar ce na shara muku. Tatsuniyar da kanta ta shaida cewa ita ƙarya ce, yara kuma gobe su sake taruwa su ce a ba su ita.

To in aka haɗa irin wannan zance da sanin gobe, nan ne ƙulli yake ƙara tamkewa. Fim ɗin ya kawo misali mai kyau. Ƙasashe sun tsorata saboda an fassara wata kalmar baƙin da makami, alhali tana iya nufin kayan aiki, har shugaban sojojin Sin ya shirya kai musu hari. Malamar sai ta tuno wata liyafa da za a yi wata 18 nan gaba, inda janar ɗin zai zo ya gode mata, ya nuna mata lambar wayarsa, ya raɗa mata kalmomin da matarsa ta faɗa masa a gadon mutuwa. Nan take ta buga masa waya ta faɗa masa kalmomin, ya fasa harin. Yanzu ku duba: ta san lambar ne don ya nuna mata, shi kuwa ya nuna mata ne don ta riga ta kira shi. Daga ina saƙon ya faro? Ba shi da mafari, kamar zobe yake, shi ya haifi kansa.

Littafin ya yi wata tambayar da ta fi wannan nauyi. A ce akwai wani kundi da aka rubuta dukan abin da zai faru a cikinsa, ka buɗe ka karanta cewa gobe za ka je kasuwa, sai ka ƙi zuwa don gardama. Kundin ya yi ƙarya ke nan, alhali an ce ba ya ƙarya. Amsar da marubucin ya bayar ita ce, wanda ya san gobe da gaske ba ya neman sāke ta, kuma ba ya gaya wa kowa, sai dai ya ji nauyin aikata abin da ya sani daidai yadda ya san shi. To in baƙin sun riga sun san duk abin da za a faɗa, me ya sa suke magana? Domin a wurinsu magana aiki ce. Wani masani ɗan Ingila, John Austin, a littafinsa da ya fito a shekarar 1962, ya bambanta maganar da ke ba da labari da maganar da ke aikata abu. Ku ɗauki ɗaurin aure. Duk wanda ya zauna a kan tabarma ya san abin da waliyyi zai ce, ya san abin da wakilin ango zai amsa, an sha jin su. Amma in waliyyi bai buɗe baki ya ce na ba shi ba, wakili bai ce na karɓa ba, babu aure, ko da goro ya cika faifai. Haka dukan maganar baƙin take.

Ina gaba, ina baya?

Shin harshe yana iya sāke wa mutum yadda yake ganin lokaci? Wanda ya fi shahara da wannan ra'ayi shi ne Benjamin Lee Whorf, Ba'amurke mai binciken gobara a wani kamfanin inshora, wanda ya yi karatun harsuna a hannun Edward Sapir, ya rasu a shekarar 1941. Shi ya ce Hopi, wata ƙabila ta jihar Arizona, ba su da kalmomin lokaci irin na Turawa, saboda haka duniyarsu daban take. Zancen ya bazu ƙwarai, sai a shekarar 1983 wani masani mai suna Ekkehart Malotki ya fitar da littafi mai shafi fiye da 600 cike da kalmomin Hopi na kwanaki da watanni da jiya da gobe. Abin da akasarin masana suka tsaya a kai shi ne, harshe yakan saba wa mai shi da lura da wasu abubuwa fiye da wasu, amma ba ya ba shi idon da ba a halicce shi da shi ba. Ke nan harshen masu ƙafa bakwai zai tsaya a littafi.

Duk da haka harsunan duniya sun sha bamban wajen shimfiɗa lokaci. Aymara, mutanen tsaunukan Boliviya da Peru da Cile, kalmar da suke kiran ido da gaba ita suke kiran abin da ya wuce, kalmar baya kuwa ita ce ta abin da bai zo ba. Rafael Núñez da Eve Sweetser sun nuna a shekarar 2006 cewa tsofaffinsu in suna zancen zamanin da, gaba suke nunawa da hannu. Hujjarsu mai ƙarfi ce, abin da ya wuce ka gan shi, abin da ke tafe yana ƙeyarka. Masu kallon finafinan Indiya kuma wataƙila sun lura cewa a harshen Hindi kalma guda, kal, ita ce jiya ita ce gobe, aikatau ne ke rarrabe su.

Hausa fa? Mu mun riƙe hanya biyu a lokaci guda ba tare da mun lura ba. Mukan ce nan gaba muna nufin abin da bai zo ba, mu ce shekarun baya muna nufin waɗanda suka shige. A nan mutum ne ke tafiya, gobe tana gabansa. Amma kuma kakanninmu da suka rasu tun tuni su muke kira magabata, jikokin da ba a haifa ba mu ce ƴan baya. Gabanin azumi kafinsa ne, bayan salla kuwa sai ta wuce. A nan zamani ayari ne, na gaba shi ya riga isa, shi ya sa ake cewa na gaba ya yi gaba, na baya sai labari. Haka nan Bahaushe yana tsaye a bakin zaure bai ɗaga ƙafa ba zai ce na tafi, ya faɗi abin da bai auku ba da lafazin abin da ya ƙare. Kwanaki ma mun ba na gaba sunaye fiye da na baya: jiya da shekaranjiya a can, a nan kuwa gobe, jibi, gata, citta.

Abin da ya shafe mu

Sanin gobe ba namu ba ne, gobe ta Allah ce. Amma maganar da ke nuni ga kanta tana taɓa lokaci, wannan kullum muna cikinta. Ma'aikacin gwamnati ya san takardar da ke cewa game da kanta ta soke duk wadda ta gabace ta. Ya kuma san takardar ƙarin girma da za a sa wa hannu a watan Yuni ta ce girman ya soma tun watan Janairu, har a biya shi kuɗin watannin da suka shige, abin da ake kira rapel. Alƙalami ya koma baya ya gyara jiya. Ɗan kasuwa kuma in ya ce na sallama, kaya sun fita hannunsa tun ba a ƙirga ko dala ba, in ya ce albarka ciniki bai faɗa ba. Wanda ya karɓi kaya bashi ya ce sai kasuwa mai zuwa, ya sayar da wani yanki na gobensa da bakinsa.

Akwai kuma maganar da ke haifar da gaskiyarta. A shekarar 1948 Robert Merton, masanin zaman jama'a a Amurka, ya ba da misalin banki mai lafiya wanda aka baza jita-jitar zai karye. Masu ajiya suka ruga kowa ya kwashe nasa, bankin kuwa ya karye, masu jita-jita suka ce ai mun faɗa. Manyanmu sun ga mai kama da wannan da idonsu. Tun kafin a karya darajar sefa raɗe-raɗin haka ya sa masu hali suna fitar da kuɗi waje, har a watan Agusta na 1993 manyan bankunan yankin suka daina sayen takardun sefa da aka fitar daga yankin. A watan Janairu na 1994 aka yanke shawara a Dakar, faran ɗaya na Faransa ya tashi daga sefa 50 zuwa sefa 100. Ba raɗe-raɗi kaɗai ya jawo haka ba, akwai faɗuwar farashin kayan da ƙasashenmu ke sayarwa da nauyin bashi, amma ya ƙara wa wutar iska. A ƙaramin mataki kuma, in manyan ƴan kasuwa uku suka ce gero zai yi tsada, kowa ya ɓoye nasa, tsadar ta zo, talaka ne zai biya kuɗin maganarsu.

To mu koma ga tambayarmu. Ni dai a nawa ra'ayi, ko da an buɗe lakwal ta wannan harshe kyauta ba zan ba ɗan kasuwa shawarar shiga ba. Riba ladar kasada ce. Da kowa ya san farashin wake na baɗi, da babu mai saye da tsada, babu mai sayarwa da araha, kasuwa ta watse. Kuma bisa ƙa'idar labarin, wanda ya san asarar da zai yi ba shi da ikon kauce mata, sai dai ya loda kayan yana kallonta. Abin da ya cancanci a ara daga baƙin nan shi ne halinsu na rubutu, wato sanin ƙarshen jimla kafin a ja layin farko. Mai sa hannu a takarda ya duba inda za ta kai shi da wanda aka rubuta dominsa. Mai cewa je ka dawo gobe ya tabbata akwai abin da ya shirya wa goben, domin mutumin da ya taso daga ƙauye ya biya kuɗin mota bisa wannan kalma. Mai baza labarin tsada ya tuna cewa magana zarar bunu ce, in ta fita ba ta komawa.

Ita kuwa malamar cikin labarin, da ta san za ta binne ƴarta amma ta yarda ta haife ta, masu karatu sun rabu a kanta. Wasu sun ce son kai ne, wasu sun ce ba ta da zaɓi, wasu kuma sun ce duk mahaifi haka yake, tunda babu wanda ya haifi ɗa bai san mai mutuwa ya haifa ba, ranar ce kawai aka ɓoye mana. Muna so mu ji naku ra'ayin, ƙofar wannan fili a buɗe take ga wasiƙunku.